Neman shawara kan kundin salsalar matsafa masu juya lokaci

Assalamu alaikum, 'yan uwa marubuta. Ina rubuta ƙagaggen labari a kan wani kundin ajami mai ɗauke da salsalar matsafan da ke juya lokaci, kuma duk sanda ɗayansu ya koma baya ya taɓa wani abu, rubutun yakan sauya da kansa. Inda na maƙale shi ne, jika ya koma ya hana auren kakanninsa, sunansa ya goge daga kundin, to wane ne ya yi tafiyar? Ba na son in warware wannan da mafarki, domin raina hankalin mai karatu ne. Shin in bar tsohuwar tawada tana bayyana a ƙarƙashin sabuwa, ko akwai dabarar da ta fi wannan?