Mutanen Rumfa da Numfashin Duniya

Malamar Tarihi:
Assalamu alaikum. Wannan makon Mutanen Rumfa za mu taɓa, wato masana falsafar Girka na dā waɗanda littattafan Larabci ke kira Riwaƙiyyun. Zeno, mutumin Kitiyum a tsibirin Ƙubrus, ya fara karantarwa a wata rumfa mai zane-zane a bakin kasuwar Atina wajen shekara 300 kafin haihuwar Annabi Isa (A.S.), sai sunan rumfar ya bi almajiransa. Yau da haƙuri kawai aka san su. Ni abin da suka ce kan ginin duniya ne ya kama ni.

Da sunan Allah nake buɗe zance,
Shi ne masanin asirin duniya.
An ce Zeno falke ne, jirgi ya nutse da hajarsa,
Ya iso Atina ba shi da dukiya.
Ya zauna a rumfa yana koyarwa,
Cikin masu saurare har sarkin Makidoniya.
Ya ce tushen halitta abu biyu ne,
Amma ba a raba su, sun zama ɗaya.
Na farko kamar yumɓu, ba shi da siffa,
Kwance yake, bai san motsi ba bare tafiya.
Na biyu hankali ne, wuta mai sana'a,
Ta ratsa shi tun daga gefe har tsakiya.
To wa zai karɓa ya warware mana:
Yaya wuta ke zama cikin dutse da rijiya?

Ɗan Maƙera:
Malama, tambayarki a ƙofar maƙerarmu ta faɗo. Da maganar Kirisifus, shugaban Mutanen Rumfa na uku, zan amsa.

Zo maƙera da sassafe, Malama,
Ki ga na cusa ƙarfe cikin gawayi,
Yaro na kan zuga-zugi yana haki,
Har baƙin ƙarfe ya koma jan wuta.

Ɗauko shi da awartaki ki duba,
Ina ne ƙarfen, ina ne zafin?
Ba gurbin da tsinin allura zai sauka
Ki ce nan ƙarfe ne zalla ban da wuta.

Amma bai daina zama ƙarfe ba,
In na ɗaga masaba zai amsa mini,
In na tsoma shi a kasko ya yi tsuwa,
Ya koma baƙi, zafin duk ya fita.

Haka Kirisifus ya faɗi numfashi:
Iska da wuta ne suka gauraya,
Suka ratsa sama, suka ratsa ƙasa,
Ba lungun da suka bari ya huta.

Ya ce ɗigo guda na ruwan inabi
In ya faɗa teku zai yi ta bazuwa,
Bai ɓace ba, bai kuma tsaya ba,
Ba gaɓar da ba zai je ya same ta.

Numfashin na ja ciki, yana ja waje,
Kamar tsirkiyar baka da aka ɗame.
A dutse riƙo ne, a gero tsiro, a doki rai,
A mutum hankalin da ke bambanta.

 An ce littattafan Kirisifus sun haura 700, amma babu ko ɗaya da ya iso mu cikakke.

Almajirin Zaure:
Baba, na ji ƙarfe, na ji garwashi,
Amma zuciyata ba ta natsu ba.
Sun ce duk mai aikatawa jiki ne,
Abin da ba jiki ba bai taɓa motsa komai ba.
Rai jiki, murya jiki, adalci ma jiki,
Har Mahalicci ba su ware Shi ba.
Huɗu suka keɓe: wuri, lokaci, wofi,
Da ma'anar magana, ba su ƙara ba.
Mu kuwa tun muna riƙe da allo aka koya mana
Babu mai kama da Shi, wuri bai ƙunshe Shi ba.
Baba, kai daban ne da fartanyar da ka ƙera,
Ban taɓa ganin magini ya narke a katangarsa ba.

Malamar Tarihi:
Ɗana, a nan hanyarmu ta rabu da tasu,
Wannan ba ya buƙatar musawa.
Amma dubi wanda suke ja-in-ja da shi,
Efikurus mai lambu da tasa koyarwa.
Ya ce ƙwayoyi ne ƙanana ke yawo a wofi,
Su yi karo, duniya ta haɗu ba mai tsarawa.
Su suka ce a'a, cike take maƙil,
Wofin na wajenta, cikinta ba ɓulewa.
Jiki guda ce: in ƙaya ta soki ɗan yatsa,
Har ka sai ka ji zafin yana hawa.

Baƙon Bakin Teku:
Baba ya yi amo da wuta, ni zan yi da wata. Aiki ya zaunar da ni bakin teku, kullum ina ganin abin da Fosidoniyus, mutumin Afamiya ta ƙasar Sham, ya je Kadis ta Sifen don ya gani a ƙarni na 1 kafin haihuwar Annabi Isa.

Da asuba ruwa na dukan matakala,
Da hantsi yashi ne, kaguwa na yawonta.
Fosidoniyus ya bar tsibirin Rodas ya yi yamma,
Ya zauna gaban teku yana lura da ita.
Ya ga hawa da sauka sau biyu a kwana guda,
Suna bin fitowa da faɗuwar wata.
Tsayuwar wata da daren sha huɗu ta fi cika,
In ya rabu biyu sai ƙarfinta ya sassauta.
Ya ce ga shaida sama da ƙasa na jin juna,
Igiya ɗaya ta ɗaure teku da wata.

Gwaggo Mai Saƙa:
'Ya'yana, ina binku tun farko. Ni ƙarshen zancensu ne ya hana ni barci.

Sun ce wata rana wuta za ta shanye danshi,
Teku ya ƙafe, ƙasa ta ƙone,
Komai ya zama wuta ɗaya da rana.

Sai wutar ta lafa, ta zama iska, ta zama ruwa,
Iri na ɓoye ciki kamar gero a rumbu,
Duniya ta sake tsirowa kamar damina.

Amma ba sabuwa ba ce, ita ɗin ce dai,
Sukurat, masanin Atina, zai sake tsayawa gaban alƙalai,
Ya sake shan gubar nan yana magana.

To ni da na binne yarona bara,
Na wanke rigarsa na ninke a adaka,
Sau nawa za a sake karɓe mini ɗana?

Malamar Tarihi:
Allah Ya jiƙansa, Gwaggo, Ya sa mai ceto ne. Ba ke kaɗai kika ƙi wannan magana ba. Fanetiyus mutumin Rodas, wanda ya shugabanci Rumfar wajen shekara 129 kafin haihuwar Annabi Isa, bai yarda da gobarar ba.

Gwaggo, har cikin gidansu an samu mai ja,
Ya gaji kujerar, bai gaji wannan ba.
Sau ɗaya aka karɓa, sau ɗaya kika yi kuka,
Rigar nan ba za ki sake ninke ta ba.

Gwaggo Mai Saƙa:
Amin, 'yata. Na gode. Ku ci gaba, ina saurare.

Ɗan Maƙera:
Amin. Gwaggo, maganarki ta kai mu bakin ƙaddara, kuma Kirisifus ya yi mata misali da abu mai mirginawa. Bari in sa shi da turmi. Almajiri, kai nake jira.

Kwantar da turmi a bakin gangare,
Sa ƙafa ka tura shi ya gangara.
Turin daga waje ne, kewayen nasa ne,
Da tubali ne da yana nan bai gusa ba, ka lura.
To in ya je ya fasa tulun maƙwabciya,
Wa za a kama, turmin ko mai tura?