Za a faɗaɗa titi ta kan tsohuwar ganuwa: wace doka ce ke kare ta?

Ɗan Zaure:

Assalamu alaikum. Tambayata ga masana shari'a da masana gini. Idan gwamnatin jiha ta ba da kwangilar faɗaɗa titi, zanen aikin kuma ya bi ta kan ragowar ganuwar gari da wata tsohuwar ƙofa ta ginin ƙasa, har an zo an shafa jan fenti, akwai dokar da ta hana rushewa? Ko tunda ƙasa a hannun gwamna take, magana ta ƙare? Wa ake kai wa kuka, kuma a wane lokaci?

Baban Hajara:

Wa alaikumus salam, Malam. Doka akwai ta. Babbar ita ce wadda ta kafa Hukumar Kula da Gidajen Tarihi da Wuraren Tarihi ta Ƙasa, NCMM, doka mai lamba 77 ta shekarar 1979. Amma kafin komai ka bincika abu ɗaya: an ayyana wurin a matsayin wurin tarihi na ƙasa, an buga a gazet, wato jaridar sanarwar Gwamnatin Tarayya? Tsufa kaɗai ba ya sa gini ya samu wannan kariyar. Ofishin hukumar da ke gidan tarihi mafi kusa da ku zai gaya muku.

In an ayyana shi, rushewa ko sauya masa kama ko tona shi ba tare da izinin hukumar ba, laifi ne, ko wane ne ya ba da kwangilar. Gaskiya ne Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna, har yana iya soke takardar mallaka saboda amfanin jama'a. Sai dai karɓe fili daban, rushe abin tarihin da ke kansa daban. Tsarin mulkin 1999 ya sa wuraren tarihin da aka ayyana na ƙasa cikin jerin abubuwan da Tarayya kaɗai ke da hurumi a kansu.

Inda gizo ke saƙa shi ne hukuncin. Tarar da dokar ta ambata naira 1,000 ce, ko ninki biyu na darajar wurin idan ya fi haka, ko ɗaurin wata 12. To wa zai yi wa ganuwa kuɗi? Ganuwar Kano, wadda aka faro tun zamanin Sarki Gijimasu, tana ƙarƙashin wannan kariya, tana kuma cikin jerin wucin gadi na wuraren tarihin duniya na hukumar UNESCO tun 2007, amma duk da haka an rushe Ƙofar Na'isa a 2010 don faɗaɗa hanya, aka gina sabuwa. Abin yana da ciwo ƙwarai.

Don haka ku yi amfani da doka ta biyu, ta tantance tasirin aiki ga muhalli, mai lamba 86 ta 1992. Babban aikin titi yana buƙatar rahoton da Ma'aikatar Muhalli ta Tarayya za ta amince da shi kafin a fara, kuma ana baje rahoton na kwanakin aiki 21 don jama'a su karanta su yi ƙorafi. Ku nemi kwafinsa da zanen hanyar a rubuce ƙarƙashin Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011, wadda ta ba hukuma kwana 7 ta amsa. Kowace wasiƙa a buga muku hatimin karɓa a kan kwafinku. In za a je kotu neman umarnin dakatarwa, a je kafin katafila ta iso, kuma ku tuna dokar da ke kare jami'an gwamnati tana taƙaita lokacin shigar da ƙara zuwa wata 3.

Sarkin Kwaɓa:

Baban Hajara ya gama da ɓangaren takarda. Ni abin da nake so a lura da shi, ko an kauce wa ganuwar, aikin titi yana iya kashe ta a cikin damina biyu ko uku ba tare da kowa ya taɓa ta ba.

Ruwa ne babban makashin ginin ƙasa, kuma daga ƙasa yake ci. Sabon titi yakan fi tsohon tudu saboda cikon marmara da dutse. Idan aka ɗaga shi ba a yi lambatu tsakaninsa da bangon ba, duk ruwan kwalta gindin ganuwa zai gangara. Tubalin ya sha ruwa, gishirin ƙasa ya hau, ya bushe, ya cinye gindin har ya yi rami kamar an ƙwaƙule, sai saman ya rasa abin dogaro ya rufto. Saboda haka a zanen aiki ku dubi inda bakin kwalbati ya fuskanta, ku tabbata gangaren ya juya wa bangon baya. Tonon lambatun ma kada ya matso gindi, don ganuwa ba ta da harsashin kankare, faɗin gindinta ne ƙarfinta.

Na biyu girgiza. Rolar da ke daddage ƙasa da jijjiga tana buɗe tsofaffin tsaga, musamman a ƙofar da aka rufa da azara. Ƙa'idar Jamus ta DIN 4150 ta sa iyakar saurin motsin girgiza ya zama milimita 3 a daƙiƙa a gindin gine-ginen tarihi idan girgizar mai sannu ce. A rubuta cikin kwangila cewa kusa da bango za a kashe jijjigar, a daddage cikon sirara-sirara, a kuma kafa na'urar aunawa. Kafin fara aiki a ɗauki hoton kowace tsaga da ma'auni a jikinta da kwanan wata, in ba haka ba ɗan kwangila zai ce dama can haka ya tarar.

Kuma don Allah kada a yarda da "gyara" da siminti. Yaɓen siminti yana kulle danshi a ciki, ƙasar ta ruɓe a ɓoye, wata rana ya ɓanɓaro da rabin bangon. Ƙasa da ƙasa ake gyara ta, da irin kwaɓin asali, a bi da makuba. Ƙofa kuwa, maganinta raba titin gida biyu ya zagaye ta, ta zauna a tsakiya.

Inna Ta Gidan Tudu:

Ban cika yarda a fara da kotu ba, Baban Hajara. A fara da tambayar wa ya ba da kuɗin aikin. In akwai rancen Bankin Duniya a ciki, ƙa'idarsa ta 8 kan kayan tarihi da al'adu, wadda ta fara aiki a 2018, ta wajabta a tuntuɓi mutanen wurin, a fifita kauce wa wurin tarihi, kuma ba ta tsaya ga wanda aka buga a gazet kaɗai ba. Maƙabarta, kushewar waliyyi, tsohuwar marina, duk suna shiga. Aikin yana da ofishin karɓar koke, kuma takardar da ta isa ga mai ba da rance takan yi saurin motsa injiniyoyi, tunda biyan kuɗi na iya tsayawa.

Sai abin da ke binne, wanda ba a cika tunawa da shi ba. Gindin ganuwa da bakin tsohuwar ƙofa wuri ne na tukwane, kashin maƙera da ƙasusuwa. Gumakan Nok a wurin haƙar kuza aka fara cin karo da su a 1928, kawunan tagullar Ife kuma wajen tonon harsashin gida a 1938. Dokar 1979 ta ce wanda ya tsinci irin wannan ya sanar da hukumar da sakataren ƙaramar hukuma cikin kwana 7. Yadda ya kamata a yi a filin aiki: direba ya kashe inji, a kewaye wurin da igiya, a sa mai gadi, kada a ɗaga komai kuma kada a wanke, domin zurfin da abu yake da ƙasar da ke jikinsa su ke nuna shekarunsa. Matsalar ita ce ɗan kwangila yana asarar kuɗi duk ranar da inji ya tsaya, sai a mayar da ƙasa a yi shiru. Shi ya sa dole kwangilar ta tanadi ƙarin wa'adi da kuɗin wannan tsaiko tun farko.

Malam Ɗan Zaure, ku shigar da masarauta da mai unguwa cikin wasiƙarku ta farko, ku haɗa da hotunan jan fentin da tazararsa daga bango a mita.