Tambarin SVG a Blender: cikin haruffa ya toshe, kauri ya ninka, gefe ya harɗe

Sabon_Hannu ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Ina da tambari da aka zana a manhajar zane ta Inkscape, fayil ɗin SVG ne, faɗinsa milimita 120, kala uku: baƙin faifai a ƙasa, farin rubutu a kansa, sai siririn jan zobe kusa da baki. So nake in ba shi jiki a Blender 4.2, manhajar gina siffofin 3D, kaurinsa duka milimita 3, in fitar da fayil ɗin STL a buga da firintar 3D. Da na shigo da shi, rubutun bai zo ba sam sai da na mayar da shi path, wato siffa ta layuka. Yanzu ya zo, amma cikin O da A da Ɗ a toshe yake. Jan zoben ya koma zare, ba shi da faɗi. Na sa Extrude, mai ba da kauri, milimita 3, da na auna sai na ga 6. Da na taɓa Bevel, mai zagaye gefe, kuma haruffan suka kumbura, kusurwoyinsu suka harɗe. Don Allah a ina nake kuskure?

Malama_Bezier ta rubuta:

Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Biyu daga cikin matsalolin nan tun a Inkscape suka faro, can kuma za ka gyara su kafin ka sake buɗe Blender.

Abin da Blender ke ɗauka daga SVG kaɗan ne: layin da ya kewaye siffa, da kalar da aka cika ta da ita. Faɗin alƙalami, wato stroke, ba ya zuwa. Haka rubutun da har yanzu rubutu ne, da kala mai sirkuwa, da inuwa, da hoton da aka manna, duk a ƙofa ake barin su. Zobenka da'ira ce wadda ba a cika ba, faɗinta na stroke ne kawai, shi ya sa ta iso a zare. Ka zaɓe ta a Inkscape ka yi Path > Stroke to Path, ko Ctrl+Alt+C. Za ta zama da'ira biyu, ta waje da ta ciki, tsakaninsu a cike. Wannan Blender ya san shi.

Toshewar haruffa kuwa dalili biyu ke kawo ta, kuma raba su ba wuya. A Blender ka zaɓi baƙin faifan ka danna H ya ɓuya. In ramukan sun bayyana, to haruffan lafiyarsu ƙalau, faifan ne ka ba shi tsayi ɗaya da su ya cike musu ciki. In har yanzu a toshe suke, to an raba layin ciki da na waje. Blender ba ya huda siffa sai layin ramin da layin jikin harafin suna cikin abu guda. Idan an taɓa yi wa rubutun Break Apart a Inkscape, ko kuma mai zanen ya ɗora baƙin ɗigo ne a kan farin harafi don ya yi kama da rami, kowanne zai shigo da kansa, babu mai huda wani. Gyaran: zaɓi harafin da abin da ke cikinsa, Path > Difference, na sama zai yanke na ƙasa.

Bayan haka ka haɗa duk abin da kalarsa ɗaya. Zaɓi farin rubutun gaba ɗaya, Ungroup har ƙungiya ta ƙare, sannan Path > Union. Kada ka tsallake wannan in rubutun mai haɗe-haɗe ne, inda wutsiyar harafi ke hawa kan na gaba. Layuka biyu da suka gitta juna cikin abu guda suna rikita cikon da Blender ke yi: wani wuri ya huje, wani wuri fuska ta miƙe ta ratsa harafin. A ƙarshe fayil ɗinka ya zama siffa uku tak, faifai, rubutu, zobe. Ka adana shi a Plain SVG.

Wajen shigowa akwai zaɓi biyu masu kama da juna a File > Import. Scalable Vector Graphics za ka ɗauka. Ɗayan, mai ɗauke da sunan Grease Pencil, na zanen alƙalami ne, ba zai ba ka Extrude ɗin da kake nema ba. In ba ka ga komai ba bayan shigowa, ƙanƙanta ce: santimita 12 a filin da ake auna shi da mita. Zaɓe shi a jerin abubuwa ka danna ɗigon da ke kan madannan lambobi na dama.

Injiniya_Raga ya rubuta:

Malama ta gama da ɓangaren Inkscape. Ni bari in ɗauki lissafin kauri, domin a nan ne mutane suka fi ɓata roba a banza.

Extrude na Curve, wato siffar layi da SVG ke zama a Blender, yana tura siffa sama da ƙasa a lokaci guda. Abin da ka rubuta rabin kauri ne, shi ya sa 3 ta ba ka 6. Bevel ma haka, Depth ɗinsa yana ƙaruwa a sama, a ƙasa, da kuma kewaye. Saboda haka kauri duka shi ne Extrude da Depth a haɗe, sau biyu. Kumburin haruffan daga nan yake: Depth na milimita 0.2 ya ƙara wa kowane gefe 0.2, sandar harafi ta ƙaru da 0.4. Ana mayar da shi ne da Offset da ke saman Extrude, ka sa masa adadin Depth ɗin amma da alamar ragewa, -0.2mm. Kana iya rubuta mm a cikin akwatin kai tsaye, Blender zai juya shi.

Ga yadda milimita 3 ɗinka za su kasu. Faifai: Extrude 1mm, kaurinsa ya zama 2, daga -1 zuwa +1. Rubutu da zobe: Extrude 0.6mm, kaurinsu 1.2, sai ka ɗaga su a Z zuwa 1.4mm. Ƙasansu zai nutse cikin faifan da 0.2, samansu ya tsaya a 2, jimilla daga gindi zuwa sama 3 cif. Nutsewar nan da gangan ce. In fuska biyu suka kwanta a tsayi ɗaya daidai, a allo za ka ga suna walƙiya baƙi da fari, wajen haɗa jikunan su zama ɗaya da Boolean kuma a irin wurin ne ake samun fuskokin da ba su da kan gado.

Harɗewar kusurwa fa? Offset yana janyo layi ciki ne ba tare da ya duba ko akwai fili ba. Duk inda sandar harafi ta fi ninkin Depth siranta, gefen hagu zai wuce na dama, fuskar ta naɗe. Haka kusurwa mai tsini irin saman A, da wurin da ɗigo biyu na layin siffar suka kusa hawa kan juna. Shiga Edit Mode ka duba ainihin wurin da ya harɗe, sau da yawa za ka tarar da ɗigo biyu ko uku a cunkushe, ka goge na banza. In zanen daga Trace Bitmap ya fito, wato an juyo shi ne daga hoto, ɗigon zai yi yawa ƙwarai, sai ka koma Inkscape ka danna Ctrl+L sau ɗaya, ka duba ko siffar ta karkace kafin ka ƙara.

Amma shawarata, tunda bugawa za ka yi, ka bar Bevel ɗin Curve a sifili. Firintar da ke shimfiɗa roba mai kaurin 0.2 ba za ta nuna zagayen 0.2 ba, shimfiɗa ɗaya ce kawai. Sannan yana zagaye gindi ma, alhali gindin ana son sa shafaffe ya kama faranti. In kana son bakin faifan ya yi laushi a hannu, bari sai ka mayar da shi Mesh, wato jiki na ɗigo da fuskoki, ka zaɓi layin bakin sama kaɗai, Ctrl+B, ka ba shi kamar 0.6mm. Wanda hoto zai fitar shi ne Bevel ƙarami ke yi wa amfani, saboda shi ke kama haske a gefe.

Wani abu da ba ka tambaya ba amma zai same ka: Resolution Preview U. Asalinsa 12, ma'ana kowane lanƙwasa tsakanin ɗigo biyu ana yanka shi gida 12. Da'ira ɗigo huɗu gare ta, gefe 48 ke nan. Kewayen faifai mai faɗin 120 ya kai milimita 377, to kowane gefe ya kusa milimita 8, ido zai gan su sarai a abin da aka buga. Shade Smooth ba zai cece ka ba, a allo kawai yake aiki, STL ba ya ɗaukar sa. Ka kai faifai da zobe 64, gefe 256, kowanne kamar milimita ɗaya da rabi. Haruffa kuwa ɗigonsu ya riga ya yi yawa, 6 ma ta ishe su.

Sai duk wannan ya zauna za ka yi Object > Convert > Mesh, kuma ka ajiye kwafin Curve ɗin da Shift+D tukuna, don babu komowa. Juyawar tana barin murfin sama da na ƙasa a rabe da bango, saboda haka a Edit Mode ka danna A, sannan M > By Distance. Ka lura da tazarar: asalinta 0.0001m, wato milimita 0.1, kuma a ƙananan haruffa akwai ɗigon da tazararsu ba ta kai haka ba, sai ta cinye su. Mayar da ita 0.00001m. Sannan Shift+N don fuskoki su kalli waje, sai Select > Select All by Trait > Non Manifold kana kan zaɓin ɗigo. In babu abin da ya haskaka, jikin a rufe yake.

Wajen fitarwa ka kunna Selection Only, Scale kuma 1000. STL ba ya rubuta ma'auni, lamba kawai yake ajiyewa. Blender zai rubuta 0.12 yana nufin mita, manhajar firinta ta karanta shi a milimita 0.12.

Dan_Lissafi ya rubuta:

Ranka ya daɗe Injiniya, babu abin cirewa a bayaninka. Sai dai ina ganin ga aiki irin wannan, shafaffen abu mai tsayi biyu da ake son ma'auninsa ya fito daidai, OpenSCAD, manhajar da ake gina siffa da rubuta umarni, ya fi gajeren hanya. Tun sigar 2019.05 yake karɓar SVG. A fitar da siffofin uku a fayil uku, girman shafi ɗaya, kada a motsa komai:

linear_extrude(height=2) import("faifai.svg");
translate([0,0,1.8]) linear_extrude(height=1.2) { import("rubutu.svg"); import("zobe.svg"); }

A nan height shi ne kaurin gaba ɗaya, babu ninkawa, lambobin kuma milimita ne. F6, sannan a fitar da STL. Kada a sa center=true, domin kowane fayil zai nemi tsakiyar kansa, rubutu ya goce daga inda aka zana shi. Gyaran Inkscape da Malama ta faɗa yana nan daram, shi ma ba ya karanta rubutun da ba a mayar path ba.

Kuma ɗan'uwa ka auna faɗin jan zoben da sandar ƙananan haruffa. Bakin firinta da aka fi amfani da shi 0.4 ne. Abin da bai kai 0.4 ba manhajar na iya tsallake shi ko ta buga shi a tsinke, wanda zai tsaya da ƙarfi kuwa sai ya kai layi biyu, kamar 0.8. In ya gaza, ƙara faɗin stroke kafin Stroke to Path, haruffa kuma Path > Outset.

Sabon_Hannu ya rubuta:

Allah ya saka da alheri. Faifan ne ya cike ramukan kamar yadda Malama ta ce, kaurin kuma ya zo 3 daidai. Saura biyu. Faɗin da nake gani a Dimensions milimita 128 ne, ba 120 ba. Sannan saman haruffan cike yake da dogayen alwatika sirara, an ce in yi Remesh, wato sake saƙa fuskokin, su gyaru. In yi?

Malama_Bezier ta rubuta:

Amin. 128 ɗin nan ba kuskurenka ba ne, bambancin fiksil ne. Tun sigar 0.92 Inkscape yana lissafa fiksil 96 a inci ɗaya, mai shigo da SVG na Blender kuwa 90 yake lissafawa. In girman shafin a fiksil aka rubuta shi cikin fayil, komai zai ƙaru da 96 bisa 90, kuma 120 sau wannan shi ne 128. Gyaran da ya fi tsabta: a Inkscape buɗe Document Properties da Shift+Ctrl+D, mayar da ma'aunin shafin mm, tabbatar faifan yana nuna 120, adana, sake shigowa.

In ba ka son maimaita aikin, zaɓi ukun tare ka danna S, sannan Shift+Z, ka rubuta 0.9375. Shift+Z ɗin yana hana tsayi raguwa, kaurinka ya tsaya a 3. Ka tabbata Pivot ba a kan Individual Origins yake ba, in ba haka ba kowanne zai tsuke a inda yake. Bayan nan Ctrl+A > Scale. A kan Mesh wannan ba shi da illa. Kwafin Curve ɗin ne za ka kula da shi: yi masa Apply Scale yana taɓa Radius na ɗigonsa, sai Bevel ya daina bin lambar da ka rubuta, har sai ka zaɓi ɗigon duka ka mayar da Mean Radius zuwa 1 a allon gefe da ake buɗewa da N.

Remesh kuwa kada ka yi. Siraran alwatikan nan duk a kwance suke a fili ɗaya, firinta ba ruwanta da su, STL kansa alwatika ne zalla. Voxel Remesh zai cinye kaifin kusurwoyin haruffa, kuma kafin ya riƙe sandar da ba ta kai milimita ɗaya ba sai ka rage Voxel Size har fuskoki su kai miliyoyi. Suna zama matsala ne kawai in za ka yi Ctrl+B a bakin sama, ko za ka lanƙwasa tambarin. Don Ctrl+B, koma zaɓin fuska, danna fuska ɗaya ta sama, Select > Select Linked > Linked Flat Faces, sannan X > Limited Dissolve ka rage Max Angle daga digiri 5 zuwa 1. A faifai mai gefe 256 kowane lanƙwasa digiri 1.4 ne kawai, in ka bar shi a 5 zai ɗauki bakin da'irar a matsayin miƙaƙƙen layi ya cinye ɗigonsa.