Lino Brocka: jarumi ko ɗan kasuwa?

Baban Khalil: Jama'a, abin nan yana ci min tuwo a ƙwarya. Kullum kuna kan fina-finan Filifin masu dogon zango, ɗan masu kuɗi ya so 'yar aiki, uwa ta hana. Amma a tambaye ku waye Lino Brocka sai ku yi tsit. Mutumin da ya yi fim sama da 60 daga 1970 zuwa 1991, na soyayya, na rikicin gida, na siyasa. Fim ɗinsa Insiang na 1976 shi ne na Filifin na farko da aka nuna a bikin fina-finai na Cannes a Faransa. Jarumi irin wannan a ce ba wanda ya san shi a nan?

Sadiq Dorayi: Jarumi kuma? Yaya, darakta ne fa. Jarumi shi ne wanda ake gani a gaban kyamara.

Baban Khalil: Ba jarumin fim nake nufi ba, jarumin maza nake nufi.

Anti Bilki: Sadiq, kai dai ka cika gyara. Wanda gwamnatin Marcos, shugaban Filifin na lokacin, ta kama a 1985 saboda ya mara wa direbobin motocin haya baya a yajin aikinsu, me za ka kira shi? Ni na kalli Insiang. Da mayankar aladu aka buɗe shi, jini da kururuwa, sannan aka shiga Tondo, unguwar marasa galihu ta Manila, kwata na gudana a ƙofar ɗaki. Yarinya ce saurayin uwarta ya lalata ta, uwar ta goyi bayan saurayin. Ka fito da wannan a lokacin da Marcos ke mulki da dokar soja, ai sai mai zuciya.

Malam Tijjani: Ku daina yi masa kwalliya. A cikin 60 ɗin nan, nawa ne irin Insiang? Mafi yawa na kasuwa ne, na sa mata kuka a silima. Ɗan kasuwa ne da ya iya allonsa.

Anti Bilki: Na sa mata kuka? Malam, maza ba sa kuka ne? Ka janye wannan.

Malam Tijjani: Hajiya, ba da ke nake ba.

Anti Bilki: Da mu kake. Kuma kuɗin tikitin matan nan ne ya ba shi damar yin manyan.

Sadiq Dorayi: Ni dai har yanzu ba a ba ni amsa ba. In kowa jarumi ne, mai riƙe fitila ma jarumi ne kenan.

Baban Khalil: Sadiq, na girme ka nesa ba kusa ba, ka iya bakinka. Ka taɓa kallon fim ɗinsa na Manila na 1975? Masunci ya bar ƙauye ya shigo birni neman budurwarsa, ya ƙare a leburanci wajen gini ana zaftare masa lada. Kalla tukuna.

Sadiq Dorayi: Ban kalla ba, kuma ba sai na kalla zan san Hausa ba.

Ɗan Indiya: Duk surutu ne. Indiya ta fi su komai, ko waƙa babu a nasu.

Maman Ilham: Wa ya kira Indiya a nan? Kullum sai ka kawo mana ita, ko zancen girki ake.

Ɗan Indiya: Ke da kike kwana kan na Koriya?

Malam Tijjani: Kuma jarumin naku ai ya karɓi kujera. Shugaba Corazon Aquino, wadda ta gaji Marcos, ta sa shi a kwamitin rubuta tsarin mulki a 1986.

Anti Bilki: Ya kuma fice kafin a gama! A 1989 ya yi Orapronobis, kan 'yan banga masu kashe mutane a zamanin ita Aquino ɗin. Mai neman kujera ba ya haka.

Shugaban zaure (Kawu Nasiru): To ya isa, na rufe. Ga abin da na fahimta. Anti Bilki ta kawo hujja, Malam Tijjani ra'ayi kawai ya kawo, bai ambaci ko fim ɗaya ba. Sadiq, ka nemi afuwar yayanka. Brocka ya rasu a hatsarin mota a 1991 yana da shekara 52, ƙasarsa ta ba shi lambar gwanin fasaha na ƙasa a 1997. A wurina jarumi ne, kuma haka zauren nan ya tsayar.

Malam Tijjani: Zaure bai tsayar ba, Kawu. Kai ka tsayar, don tun farko kana bayan Hajiya.