Neman shawara: fankar zuƙe iska a banɗaki marar taga

Mai tambaya: Assalamu alaikum 'yan uwa. Banɗakin cikin ɗakinmu ba shi da taga. Tunda damina ta kankama silin ya yi baƙi da fumfuna, tawul sai ya kwana biyu bai bushe ba, ga wari. Na sayo fanka mai inci 6. Bango ɗaya ne ke kallon waje, bulo mai inci 9. Wani ya ce kada in wahala da fasa bango, in maƙala ta a silin ta riƙa hurawa cikin rufi. Ya kuka gani?

Birkila: Wa alaikumus salam. Alhaji, kada ka bi wannan shawarar. Danshin ba fita zai yi ba, cikin rufi zai taru ya ruɓar maka da katako. Bangon za a huda, can sama kusa da silin, amma a kauce wa linta da fila, akwai rodi ciki. In tayil ya kai wurin, a fara yanka shi da inji. Guduma tsaga shi za ta yi har ƙasa. Kuma bulo rami gare shi a ciki, don haka a zura bututun roba mai inci 6 a ramin, a ɗan karkata bakinsa ƙasa ta waje, don ruwan sama ya gangara can, sannan a liƙe gefensa da siminti.

Mai wayarin: Ƙari a kan na oga: a nesanta fankar da shawa, makunni kuma a wajen ƙofa. Wutarmu bolt 230 ce, ba ta wasa da jiƙaƙƙen hannu. A kashe wutar gidan daga mita kafin a taɓa waya.

Uwargida: Ku sa murfi mai faifai ta waje. Mu mun manta, ranar nan ƙadangare na tarar a bokitin wanka, ban da sauro da ƙurar hunturu.

Filamba: Yallaɓai, warin fa? In magudanar ƙasa ba ta da gwiwar da ke riƙe ruwa, daga sokawe yake tasowa, fankar ma ƙara jawo shi za ta yi. Duba wannan tukuna. Sannan a rage ƙasan ƙofa kamar kaurin yatsa, iska ta samu hanyar shiga.

Mai tambaya: Na gode, Allah Ya saka da alheri. Yanzu na haska magudanar da tocila, babu ruwa a ciki ko ɗigo. Malam filamba, zan neme ka.