Depite ya sa an ɗauke ka daga Marwa: kotu na iya dawo da kai?

Ɗan Marwa: Salamu alaikum jama'a. Ƙanina malamin makaranta ne a nan Marwa, Kamaru. Ya hana 'yan kamfen ɗin wani depite, wato ɗan majalisa, yin taro a harabar makaranta, ba a rufa wata biyu ba sai ga takardar afektasiyon, wato canjin wurin aiki, an jefa shi wani ƙauye can bayan Kuseri. Wai zai kai ƙara. Ni na ce masa ya bar ɓata kuɗinsa, kotu ba ta iya komai a kan abin da ɗan majalisa ya ƙulla.

Tsohon Direkta: Wa alaikumus salam. Ɗana, ka yi gaggawa. Depite ba ya sa hannu a takardar canjin wurin aiki. Minista ne, ko gwamna, ko delege, wato wakilin ma'aikatar a yanki, kuma takardarsu ake kai ƙara, ba shi ba. Dokar 2006/022 ta 29 ga Disamba 2006 ta tsara kotunan ƙarar gwamnati, a 2012 aka ba da umarnin buɗe su a hedikwatar kowane yanki. Akwai a Marwa, akwai a Garwa, akwai a Ngawundere. A zamaninmu sai ka hau jirgin ƙasa zuwa Yawunde.

Ɗan Marwa: Baffa, ginin kotu daban, samun gaskiya daban. A takardar layi ɗaya suka rubuta: "saboda buƙatar aiki". Ta yaya zai nuna cewa wayar depite ce?

Hajiyar Garwa: Nan fa gizo ke saƙar. Waya ba ta barin shaida.

Tsohon Direkta: Waya ba ta bari, amma kwanan wata na bari. Ya ajiye takardar da ya rubuta wa shugabansa ranar da ya hana taron. Ya nuna an ɗauke shi a tsakiyar shekarar karatu, ajinsa ya zauna ba malami, ko an kawo wani ɗan gida a gurbinsa. Idan alƙali ya gamsu cewa horo ne aka lulluɓe da sunan buƙatar aiki, an yi amfani da iko ba don abin da aka ba da shi ba, yana da hurumin soke takardar. Sai dai ya kula da lokaci. Dole ya fara rubuta wa wanda ya sa hannu a afektasiyon ɗin, ya nemi a janye ta, cikin wata 3 daga ranar da aka miƙa masa ita. In sun yi shiru wata 3, doka ta ɗauka sun ƙi. Daga nan kwana 60 gare shi ya shigar da ƙara. Mutane da yawa a nan suke faɗuwa, tun kafin a duba ko suna da gaskiya.

Ɗan Marwa: To kafin nan ya zauna a gida?

Tsohon Direkta: A'a! Ƙara ba ta tsayar da takarda sai in kotu ta amince ta dakatar da ita. Ya je ya kama aiki, in ba haka ba su ce ya gudu, su tsayar da albashi.

Hajiyar Garwa: Ku yi haƙuri, ni ma'aikaciyar jinya ce, bari in faɗi wadda ba ma son ji. Su wa ke cika zauren depite da asuba, da dosiye a hammata, suna roƙon a fitar da su daga Kolofata ko Fotokol a kawo su birni? Mu ne. Duk wanda aka kawo Marwa ta wannan ƙofa, wani aka ture. Kuma kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

Ɗan Marwa: Hajiya, ƙanina bai taɓa zuwa zauren kowa ba.

Hajiyar Garwa: Ban ce shi ba, Malam. Amma abokan aikinsa da suka ga abin da ya faru, wa zai yarda ya sa hannu a matsayin shaida, alhali rabinsu ta can suka shigo?

Tsohon Direkta: Shi ya sa na ce takarda, ban ce mutane ba. Yaushe aka miƙa masa afektasiyon ɗin?

Ɗan Marwa: An kusa wata biyu, Baffa.

Tsohon Direkta: To saura kaɗan. Ya kawo min ita gobe bayan la'asar, da kwafin abin da ya rubuta ranar taron.