Ƙofar Na'isa ta siminti: gyara aka yi ko rusau?

Injiniya: Salamu alaikum jama'a. Zan faɗi abin da na san ba zai yi wa wasu daɗi ba. Idan gwamnati za ta faɗaɗa titi, ƙofar ƙasa da aka gina don jaki da raƙumi ba ta isa ta tsayar da aikin ba, ko wace doka ce ke bayanta. An rushe Ƙofar Na'isa ta badalar Kano a 2010, an mayar da wata ta siminti mai faɗi, sunan yana nan, motoci na wucewa. Wa ya yi asara?

Malam Habu: Wa alaikumus salam. Injiniya, a kan "ko wace doka ce" ɗin nan muka rabu. Badalar Kano da ƙofofinta an ayyana su cikin kayan tarihi na ƙasa. Doka ta 77 ta 1979, wadda ta kafa Hukumar Gidajen Tarihi da Kayan Tarihi ta Ƙasa, ta haramta rushe irin wannan wuri ko sauya masa kama ba da izinin hukumar ba. Hukumar kuwa ta nuna rashin amincewarta a lokacin. Ginin da Sarki Gijimasu ya aza harsashinsa, Muhammadu Rumfa ya faɗaɗa, a ce katafila ta gama da wani sashensa kafin azahar, kai kuma kana tambayar wa ya yi asara?

Injiniya: Malam, ai kai ka kawo mini hujja. Rumfa faɗaɗawa ya yi saboda gari ya girma. Sabuwar Ƙofa ma sunanta ya gaya maka daga baya aka huda ta. Su magabata sun taɓa badala da buƙata ta taso, mu ne za a ce haramun?

Barista: Ku ba ni dama in shiga. Ba a rubuta dokar don a ce kada a taɓa komai har abada ba, cewa ta yi a nemi izini tukuna. Matsalar a wani wuri take. Hukumar ta tarayya ce, amma Dokar Amfani da Filaye ta 1978 ta danƙa ƙasar jiha a hannun gwamna. Wato mai kula da badala daban, mai iko da ƙasar da badalar ke kai daban, shi ne kuma mai bayar da kwangilar titin. Ma'aikatan hukumar da ke gidan tarihi na Gidan Makama wasiƙa kawai za su iya rubutawa, ba su da 'yan sanda, ba su da kuɗin shari'a. Sannan tarar da ke cikin dokar an tsara ta ne lokacin da naira ta fi dala daraja. Wane ɗan kwangila ne zai ji tsoronta yau? Akwai kuma dokar 1992 da ta wajabta nazarin illar manyan ayyuka kafin a fara su. Sau nawa kuka ga an liƙa irin wannan rahoto a unguwa don mutane su karanta su yi ƙorafi?

Hajiya Mai Atamfa: Barista, Allah ya ƙara basira, amma ku daina ɗora wa gwamnati ita kaɗai. Ni a gindin badala na tashi. Da idona na ga masu jakuna suna haƙar ƙasarta su kai wa magina, na ga an mayar da wani gefen juji, na ga mai gida ya ja katangarsa ya haɗe da ita. Babu katafilar da ta zo, mu ne. Kuma ku tambayi matar da naƙuda ta kama, aka maƙale da ita a cunkoson ƙofa ana neman asibiti, ko tarihi ne a ranta a wannan lokacin.

Injiniya: Hajiya kin gama magana.

Hajiya Mai Atamfa: Ban gama ba, ƙanena, kada ka yi saurin sa ni a layinka. Ta simintin nan da kake yabo, ni ban taɓa jin komai ba in na wuce ta. Kamar ƙofar gidan mai take.

Ɗan Agadas: Gaisuwa daga Nijar. Tsohon garinmu ya shiga jerin wuraren tarihi na duniya na UNESCO, hukumar ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, a 2013, da hasumiyar masallacinmu ta ƙasa da fadar Sarkin Abzin. Ba zan ce muku abin ba takura ba, domin mai gida a cikin tsohon gari ba ya tashi kawai ya zuba siminti yadda ya ga dama, kuma akwai masu gunaguni. Amma ta sa kowa ya san inda iyaka take tun kafin a zana aiki. Badalarku tana jerin jiran UNESCO tun 2007. Me za a nuna wa masu dubawa in sun zo?

Malam Habu: Tambayar ke nan. Kuma kada Injiniya ya ɗauka dole sai an zaɓi ɗaya, ko titi ko tarihi. Da Masar za ta gina babbar madatsar ruwa ta Aswan, an yayyanka wuraren ibadar Abu Simbel gunduwa-gunduwa tsakanin 1964 da 1968, aka sake haɗa su a kan tudu inda ruwa ba zai kai ba. Madatsar ta tabbata, tarihin ya tsira. Wannan aiki na cikin abin da ya haifar da yarjejeniyar UNESCO ta 1972 kan kare wuraren tarihi na duniya. A Jamus kuma, da aka dage sai an gina gada a kwarin Elbe na Dresden, cire wurin aka yi daga jerin a 2009. Ƙasa mai arziki ma an nuna mata akwai farashi.

Injiniya: Malam, ka faɗi rabi ka bar rabi. Ƙasashe da dama ne suka zuba kuɗi a Abu Simbel, wa zai zuba mana? Sannan duwatsu aka ceta, amma dubban Nubiyawa mazauna yankin an tashe su daga garuruwansu, tsohon garin Wadi Halfa na Sudan ya nutse. Wannan ne abin da nake gudu: dokar da ta fi tausayin gini a kan mutum.

Barista: Wannan batu ne mai nauyi, ban musa ba. Amma duba 2023. Wata gwamnati ta ba da filaye a jikin badala ta wajen titin Jami'ar Bayero (BUK), aka gina shaguna, wata ta zo ta rushe su da sunan kare tarihi. Wanda ya saya da takarda a hannunsa ya yi asara, badalar da aka riga aka ci kuma ba ta dawo ba. A nan wa aka tausaya wa, ginin ko mutumin? Da an bi doka tun ranar rabon filin, da babu ɗayansu da zai cutu. Yanzu abin ya koma ga wanda ke kan kujera ne kawai.

Malam Habu: Injiniya, tsakaninka da Allah, a matsayinka na mai zanen hanya: ba a iya barin tsohuwar ƙofa a tsakiya, a raba titi ya bi ta gefenta?

Injiniya: Ana iyawa. Amma sai an huda badalar ta gefe biyu, a biya diyyar gidajen da ke kusa, a ƙara watanni a kan aikin. Kuma dole a faɗa mini tun ina kan takarda, ba ranar da na kawo kayan aiki a zo mini da wasiƙa ba. Har yanzu dai ina kan bakana cewa ba kowane tudun ƙasa ne ya cancanci wannan kuɗin ba.

Barista: To wa zai tantance wanda ya cancanta? Kai da aka ba kwangila, ko hukumar da doka ta ɗora wa?

Hajiya Mai Atamfa: Ku dai in za a zauna tantancewar, a kira masu unguwanni da sarakunan ƙofa da mu da muke kwana a wurin. Na tafi, an kira la'asar.